Ranar da Bahago Ya Ƙi Faɗuwa

Bahago ya fi shekara ashirin yana shan duka a fim. Duk wanda ya saba kallon finafinan faɗa ya san fuskarsa ko da bai san sunansa ba. Shi ne dogon nan mai tabo a gira da ke tsayawa bayan kujerar bos ya harɗe hannuwa, ba ya motsi sai bos ya ɗaga yatsa. Shi ake aikawa ya sato ƙanwar jarumi, shi ne kuma na ƙarshe da jarumi zai kayar kafin ya kai ga bos ɗin. An jefo shi daga bene, an cilla shi ta taga, akwai ma fim ɗin da aka kashe shi tun farko, aka manna masa gemu aka sake kashe shi a ƙarshe, don ba a sami wanda ya iya faɗuwa kamarsa ba. Masu shago a layinsu sukan tare shi da cewa, “Yau wa ya kashe ka?” Shi kuma ya ce, “Yau da sauƙi, suma kawai na yi.” A yi dariya, ya sayi burodinsa ya wuce.

Da wannan aikin ya yi aure, da shi ya sa ’ya’yansa a makaranta. Ba ya jin kunyarsa a gaban kowa, in ka ɗauke mutum ɗaya.

Mutumin nan kuwa shi ne Masta, malaminsa na kareti. Tun Bahago yana ɗan saurayi Masta ya karɓe shi a wani ɗakin horo da ke saman shagon kafinta a garinsu, ɗakin da ƙurar katako ke shigowa ta tsagar daɓe, ana atisaye ana atishawa. A can ya sami baƙar ɗamara, a can ɓangarensa na hagu ya janyo masa sunan da ya danne nasa na ainihi. Kowa ya san shi Masta ke shirin bar wa ɗakin. Sai wani mai shirya fim ya zo neman samarin da suka iya tsalle, aikin ’yan kwanaki. Bahago ya bi shi zuwa birni, bai sake komawa gida ba sai da ziyara.

Masta bai taɓa yi masa faɗa a kan haka ba, bai kuma taɓa tambayarsa labarin fim ba. In sun yi waya sai ya ce, “Ya aikin?” Bahago ya ce, “Da godiya, Masta,” su koma zancen iyali. Sau ɗaya Bahago ya taɓa gaya masa cewa shi ke koya wa jarumai faɗa. Maganar ba ƙarya ce zalla ba, amma ba shi ne aikinsa ba. Masta ya ce, “Madalla.”

A shekarar da abin ya faru, yanar ido ta kama Masta. Bahago ya je ya ɗauko shi, ya sauke shi a ɗakin babban ɗansa da ya tafi karatu. Aka yi aikin idon dama, likita ya ce a jira ya warke kafin a taɓa na hagu. Tsohon ya yi ta wuni a falo da baƙin tabarau, yana sauraron rediyo yana gyangyaɗi, har zaman ya gundure shi.

Wata safiya ya ji Bahago yana cusa kaya a jaka, bandeji da man zafi da soson da yake ɗaurawa a gwiwa a ƙarƙashin wando.

“Yau zan bi ka,” in ji Masta. “In ga wurin aikin nan naka.”

Bahago ya dakata da cusa kayan. “Masta, ai wurin akwai ƙura. Likita ya ce a kiyaye idon.”

“Likita ya ce kar in sunkuya, kar in ɗauki abu mai nauyi. Bai ce kar in zauna a kujera ba.”

Matarsa ta leƙo daga kicin, riƙe da butar shayi. “Ka tafi da shi mana, Baban yara. Ko ni na gaji masa da zaman nan.”

Ita ba ta san abin da za a ɗauka a ranar ba. Shi ya sani, don tun shekaranjiya suka gwada. Ya nemi wani uzuri ya rasa, Masta kuwa har ya lalubo sandarsa ya miƙe.

Wani tsohon garejin manyan motoci aka yi haya. Tayoyi a jibge a kusurwa, ramin duba ƙarƙashin mota a tsakiya da bakinsa na ƙarfe, ga wani ƙaton baho na wanke kayan inji da aka cika da ruwa aka rina shi baƙi ya zama kamar tsohon mai. Wayoyin fitilu sun malale a ƙasa, sai da Bahago ya riƙe hannun Masta yana ce masa ya ɗaga ƙafa nan, ya ɗaga can.

Guntu, mai tsara faɗa, abokin Bahago tun suna kwana a tasha, shi ya fara hango su. Ya taho da sauri ya rusuna, sannan ya juya ya sanar da duk wanda ke wurin cewa ga malamin Bahago ya zo. Nan da nan aka kawo kujera mai hannu aka ajiye a inuwa, daidai inda babu abin da zai tare masa gani.

Jarumin fim ɗin mawaƙi ne, mai kaɗa jita, wanda waƙoƙinsa suka cika gari har aka ga ya dace a sa shi a fim. Wannan ne na farkonsa. Kowa a wurin Mawaƙi yake ce masa. Siririn saurayi ne mai ladabi, bai taɓa naushin ko matashin kai ba kafin a kawo shi. Ya zo ya durƙusa a gaban Masta.

“Sannu da zuwa, Baba. Ai Kawu Bahago ne ke rufa mini asiri a wurin nan. In ba don shi ba da tuni an gane ko kaza ban iya kora ba.”

Masta ya yi murmushi ya dafa kansa. Bahago ya kau da kai ya tafi wurin mai kwalliya.

Faɗan da Guntu ya tsara gajere ne. Bahago zai kawo sara da ƙatuwar sifana, Mawaƙi ya goce, ya naushe shi a ciki, ya hamɓare shi a ƙirji, Bahago ya tashi sama ya faɗa kan tayoyi. Daga nan ya rarrafo, ya riƙe ƙafar jarumi yana kuka yana roƙon a bar shi da ransa, jarumi ya tunkuɗa shi cikin bahon baƙin ruwa. Darakta yana son wurin ya ba da dariya.

Aka fara. Ƙafar Mawaƙi ba ta wuce cibiyar Bahago, don haka dole Bahago ya rage tsawo ya kai ƙirjinsa ga ƙafar, sannan ya cilla kansa baya kamar mota ce ta buge shi. Ya yi hakan dubban lokuta a rayuwarsa, bai taɓa jin komai ba. Yau kuwa duk lokacin da bayansa ya bugi taya sai ya ji idon nan guda a kansa. Mawaƙi ya goce da wuri, aka sake. Ya manta da naushin, aka sake. Ya yi dariya a tsakiya ya ba da haƙuri, aka sake. Bahago yana tashi yana karkaɗe jiki, ba ya duban inuwa.

Da aka zo wurin rarrafe, abin ya ƙara nauyi. Ya ja gwiwa a kan siminti, ya rungumi takalmin yaron da ya girme wa nesa ba kusa ba, ya buɗe baki ya yi kuka, aka tura shi cikin baho. Ruwan ya shiga hancinsa. Mai kwalliya ta goge shi da tawul, ta ba shi busasshiyar riga, mai kula da kaya ya bi ƙasa da tsumma, aka koma.

“Bahago, kukan nan bai kai ba,” in ji Darakta. “Kamar mai jin kunya kake yi. Ka sake shi sosai, kamar akuyar da ta ga wuƙa.”

Ma’aikata suka kwashe da dariya. Ba dariyar raini ba ce, irin wadda suka saba yi da shi ce, shi ma da wata rana ce da ya ƙara musu da kukan akuyar. A lokacin ne ya saci kallon Masta. Tsohon yana zaune cak, hannayensa biyu a kan sanda, baƙin tabarau ya rufe rabin fuskarsa. Bai yi dariya ba, bai ɗaure fuska ba. Bahago ya cika wannan fuskar da duk abin da ya daɗe yana tsoron ji.

Sai wata dabara ta faɗo wa Darakta. Ya ce kafin a tura shi cikin ruwan, jarumi ya ɗora ƙafa a kan ƙeyarsa, ya danna kansa ƙasa, ya faɗi maganarsa yana kallon kyamara.

Mawaƙi ya yi turus. “Yallaɓai, a kan Kawu?”

“A kan yaron bos. Kawunka yana gida.”

Mawaƙi ya sunkuyo ya ce a hankali, “Ka yi haƙuri, Kawu. Ba zan danna ba.”

Aka matso da kyamara kusa da fuskar jarumi, aka ce a fara. Ya rarrafo, ya yi kukan, ya ji tafin takalmi ya sauka a ƙeyarsa a hankali kamar mai taka ƙwai. Goshinsa ya taɓa simintin. Mawaƙi yana tsaye a kan ƙafa ɗaya, dunduniyarsa daf da hannun Bahago na hagu.

Daga baya ya so ya gaya wa kansa cewa jiki ne ya yi abinsa. Amma ya san akwai ɗan taƙin da ya ga dunduniyar, ya san abin da zai biyo baya, ya kuma kai hannu. Fizga ɗaya ce, ƙarama, irin wadda ba ta buƙatar ƙarfi. Mawaƙi ya tafi da baya, ya miƙa hannun hagu zai tokare kamar yadda duk wanda bai iya faɗuwa ba ke yi, wuyan hannun ya sauka a kan bakin ƙarfen ramin. Ƙarar da aka ji ba mai yawa ba ce, kamar an taka busasshen kara.

Mawaƙi bai yi ihu ba. Ya zauna yana kallon hannunsa da ya karkace ta inda bai kamata ba, fuskarsa ta yi fari fat. Da mutane suka rufu a kansa sai ya ce, “Santsi ne. Santsi ne ya kwashe ni.”

Darakta ya juya kan mai kula da kaya, wani magidanci mai furfura a gemu da ya daɗe da su. “Ban ce ka riƙa goge wurin nan ba?”

“Wallahi na goge, yallaɓai. Yanzu na goge.”

“Ka goge shi ya sa ya faɗi? Tattara ka bar mini wurin nan, kar in ƙara ganinka.”

Mutumin ya tsaya da jiƙaƙƙen tsumma a hannu yana duban fuskoki, ko wani zai yi magana. Idonsa ya bi ta kan Bahago ya wuce. Bahago ya buɗe baki zai faɗi gaskiya. Maimakon haka sai ya sunkuya ya ɗauki Mawaƙi cak ya kai shi mota, mutane suna cewa, “Sannu Bahago, yi a hankali.”

Da motar ta tashi, Guntu ya ja shi bayan tayoyi. Bai ɗaga murya ba.

“Kyamara tana kan fuskarsa, kowa ma fuskarsa yake kallo. Ni ƙafafu nake kallo, aikina ke nan. Tun muna cin burodi da ruwa nake ba ka amanar mutane. Nakan ce musu, in Bahago ne ku rufe ido.”

Bai jira amsa ba ya tafi.

A motar haya Masta ya zauna gefen taga, yana kallon waje har suka wuce babbar gada. Wandon Bahago yana ɗigar baƙin ruwa a kan kujera, direba yana harararsa ta madubi.

“Ba santsi ba ne,” in ji Masta a ƙarshe.

“Ba shi ba ne, Masta.”

“Me ya yi maka?”

“Babu abin da ya yi mini. Na ji kunya ne ku gan ni a haka.”

“A haka yaya?”

“Ina rarrafe, ina kuka, ana taka ni.”

Masta ya juyo gaba ɗaya ya fuskance shi. “To ina ruwana da rarrafenka? Ba aikinka ba ne? Ni tun safe mamaki nake yi, mutum da shekarunka ya yi ta faɗa wa tayoyin nan yana tashi kamar ba ƙashi a jikinsa. Har ina cewa in mun koma gida zan tambaye ka yadda kake juya kafaɗa.” Ya mai da fuskarsa ga taga. “Kar ka jingina mini wannan abin. Ni kallo na zo. Yaro ya tsaya da ƙafa ɗaya a kanka don ya yarda da kai.”

Bahago ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Da Masta ya zage shi a kan fim, da ya sami abin riƙewa. Yanzu babu. Shekarun nan duka shi kaɗai ya yi ta ɗora wa tsohon maganar da bai taɓa faɗa ba.

A gida matarsa ta kawo abinci ya kasa ci. Ta zauna a bakin gado tana kallonsa har ya gaya mata. Ta murza gefen zanenta.

“Yaron yana da uwa?” ta tambaya.

“Yana da ita.”

“To gobe ka je. Ni ba zan raka ka ba, ba zan iya kallonta ba.”

Washegari da hantsi ya je asibitin ƙashi. An ba Mawaƙi ɗaki shi kaɗai, hannun yana ɗaure daga yatsu har gwiwar hannu, an rataye shi a wani ƙarfe. Wata dattijuwa mai gilashi tana zaune tana ɓare lemo. Da ta ga Bahago ta miƙe da fara’a.

“Kai ne Kawun da yake ta ba ni labari? An ce kai ka ɗauke shi ka kai mota. Allah ya saka maka da alheri, ya raya maka naka.”

Ta ba shi kujerarta, ta miƙa masa rabin lemon. Ya karɓa don bai san yadda zai ƙi ba, ya riƙe shi a hannu har ruwan ya gangaro masa tsakanin yatsu. Ta ce an sa ƙarfe a ciki, likita ya ce ƙashi zai haɗe, amma jijiya ta taɓu, sai a hankali za a ga yadda yatsun za su yi. Ta faɗi haka tana duban jitar da wani ya kawo ya jingina a bango, sannan ta ɗauki jakarta ta ce bari ta karɓo magani.

Ƙofa tana rufewa Bahago ya ce, “Ba santsi ba ne. Ni ne.”

“Na sani, Kawu. Na ji hannunka.”

“To me ya sa ka ce santsi?”

Mawaƙi ya ɗan yi tunani. “Ban sani ba. Baba yana zaune, mutane sun cika. Shi ne abin da ya zo bakina.” Ya gyara kwanciya yana cije leɓe. “Tun jiya nake ta lissafin abin da na yi maka. Na ce ko na danna ne ban sani ba. Ko kuwa yawan sakewar da nake jawowa ne. Na san ina ba ka wahala.”

“Ba ka yi komai ba.”

“To me ya faru?”

Bahago ya gwada bayani. Ya ambaci ɗakin horo, ya ambaci Masta, amma da maganar ta fito fili sai ta ƙanƙance, ta zama ba komai ba a gaban hannun da ke rataye. Ya bar ta a tsakiya ya ce, “Ka yafe mini.”

“Na yafe, Kawu.” Ya faɗe ta da sauri, kamar mai son a wuce wurin. “Amma kar ka gaya wa Mama. Tana ganin girmanka.”

Daga asibiti ofishin Darakta ya nufa. Ya same shi da waya a kunne yana ba masu gareji haƙuri. Ya jira ya gama, ya gaya masa komai a tsaye, ya ce mai kula da kaya ba shi da laifi. Darakta ya cire gilashinsa ya murza idanu.

“Ka san da wani ne ya zo ya gaya mini haka a kanka, da na kore shi?” Ya yi tsaki a hankali. “Rabin fim ɗin nan fuskarka ce, ba ni da yadda zan yi in cire ka. Za ka zo ka gama abin da ya rage. Bayan nan ban sani ba.”

Aka mai da mai kula da kaya bakin aikinsa. Bahago ya neme shi har gida ya ba shi haƙuri. Mutumin ya saurare shi a bakin ƙofa, ya ce, “Ba komai, ya wuce,” bai ce ya shigo ba.

Kafin a koma ɗauka an yi wa Masta aikin ido na biyu, ya warke, ya ce gida zai tafi. A tasha Bahago ya sa masa jaka a bayan mota, ya tsaya bakin taga. Masta ya dube shi da idanu biyu tar, karon farko cikin shekaru.

“Ka tsufa,” ya ce. “Ka riƙa zuwa duba yaron nan ko ba ya son ganinka.”

Da aka cire wa Mawaƙi ɗauri aka koma garejin. An sa masa riga mai dogon hannu don a ɓoye tabon aikin. Babu wanda ya ce wa Bahago komai, kowa ya gaishe shi da ladabi, ladabin da bai taɓa samu a wurinsu ba. Mai kwalliya, wadda ta saba tsokanarsa cewa tabon girarsa ya rage mata aiki, ta shafa masa hoda shiru kamar baƙo.

Aka ci gaba daga inda aka tsaya a wancan karon. Bahago ya rarrafo. Yana kai hannu zai riƙe takalmin, Mawaƙi ya yi baya da sauri har ya bugi fitila.

“Yi haƙuri, Kawu. A sake.”

Aka sake, ya sake ja da baya. Ya yi dariyar yaƙe, ya girgiza kafaɗu, ya ce wannan karon zai tsaya. Ya tsaya ɗin, amma ƙafarsa tana rawa har ana gani a kyamara, gumi ya jiƙa masa wuya. Bahago yana durƙushe yana kallon gwiwar nan tana kaɗawa a gaban idonsa. A duk shekarunsa an biya shi ya ba ’yan kallo tsoro, amma bai taɓa ganin abokin aiki yana tsoronsa ba sai ranar.

Guntu ne ya warware. Ya ce a ɗauke su daban-daban. Aka ɗauki fuskar Mawaƙi shi kaɗai yana magana da ƙasa, Bahago yana can bayan tayoyi inda ba zai gan shi ba. Sannan Guntu ya sa wandon jarumi da takalminsa, aka naɗe ƙafar wandon don ya yi masa tsawo, ya ɗora ƙafa a ƙeyar Bahago ya tura shi cikin baho. Ɗauka ɗaya aka yi. Darakta ya ce ya yi, aka kashe fitilu.

Babu wanda ya kore shi daga sana’ar. Waya ce kawai ta rage ƙara. Labari ya zaga kamar yadda yakan zaga, kowa ya ji amma babu wanda ya faɗa. Masu tsara faɗa suka daina haɗa shi da jarumai, har waɗanda ya koya wa faɗuwa da hannunsa. Guntu bai ƙara zuwa gidansa shan shayi ba, amma lokaci-lokaci yakan kira ya ce akwai wani ɗan gurbi, direban bos ko mai gadi ko dattijon da za a tambaya hanya, duk inda ba sai ya taɓa kowa ba. Bahago yakan ce ya gode, ya je.

Ya je duba Mawaƙi sau da yawa kamar yadda Masta ya ce. Wani lokaci ya same shi, wani lokaci a ce ya fita. Uwar takan tare shi da murna ta kawo masa ruwa, ya sha yana kallon ƙasa.

Bayan shekara da wani abu aka kira shi aikin mai gadi a wani babban gida da aka yi haya. Yana zaune a benci da kakinsa, hula ta yi masa kaɗan, sai ga Mawaƙi ya fito daga mota. Ashe shi ne zai yi waƙar fim ɗin, ya zo ganin Darakta. Ya yi ƙiba kaɗan. Ya hango Bahago, ya ɗan tsaya, sannan ya ƙaraso ya miƙa hannun dama, na hagu yana cikin aljihu.

“Kawu, an samu ƙarin girma ke nan? Har da kaki.”

“Ka gani dai. Ya hannun?”

Ya ciro shi ya buɗe ya rufe. Yatsun suka naɗe, ban da ƙaramin da na kusa da shi, waɗanda suka tsaya a rabi. “Sauran sun dawo. Waɗannan biyun suna nan suna shawara.”

“Jitar fa?”

“Na ɗauki wani yana kaɗa mini. Ya ma fi ni iyawa, kar ka gaya wa kowa.” Ya yi murmushi ya mai da hannun aljihu. “Fim ɗin faɗa dai na bar muku. Mama tana gaishe ka, ta ce kwana biyu.”

“Ina amsawa. Zan zo.”

Wani daga ciki ya leƙo ya ce ana jiran mai gadi. Mawaƙi ya ɗaga masa hannu ya shige. Bahago ya gyara hular, ya je ya tsaya a bayan ƙofar ƙarfe. Aka ba da umarni, mota ta yi ƙaho, ya zare sakata ya ja ƙofar, ya sara wa mai motar, ya rufe. Darakta ya ce ya yi saurin rufewa, a sake. Ya buɗe, motar ta koma da baya, aka sake.